Yadda Malam Hudu Ya Tayar da Rundunar Dodannin Fulawa

Godiya ta tabbata ga Mai fitar da alkama daga busasshiyar ƙasa, Wanda Ya hore wa bayinSa niƙa da tankaɗe da kwaɓi. Bayan haka, ku matso ku gyara zama, wanda ya rasa tabarma ya kife turmi, domin alƙalami zai zubo labarin gwarzon zamaninsa, ma'abucin himma da azama, Malam Hudu ɗan Inuwa, ɗan Bawa Mai-Tubali, ɗan Jatau Dogon-Magini, wanda aka ce shi ya ɗora curin ƙasa na ƙarshe a kan ganuwar garinsu ya sauko ko haki bai yi ba. Zuriya ce ta magina tun kaka da kakanni, mazajen da in suka shiga kwaɓin ƙasa da ƙafa sai ƙasar ta yi laushi don girmamawa, masu jefa tubali sama ya sauka daidai inda aka umarce shi, waɗanda katangarsu ke ganin damina ta zo ta wuce ba ta ce mata uffan ba. Daga wannan tsatso mai albarka Malam Hudu ya fito. Sai dai shi Allah bai nufe shi da taɓa laka ba ko sau ɗaya, don kuwa ya ƙare ƙuruciyarsa da ƙarfinsa a bayan tebur yana buga wa takardu hatimi, har ya yi ritaya da tafin hannu mai laushi kamar na jariri. Duk da haka ya sha faɗa wa duk wanda ya yi kuskuren zama kusa da shi cewa kwaɓi a jininsa yake, ranar gwaji ce kawai ba ta zo ba.

Hudu na Gambo, bugu ɗaya takarda ta yi shiru! Sarkin Yaƙin Inuwar Darbejiya, Barden Rediyo, Madawakin Kujerar Roba, Garkuwan Jikoki! Namijin da ya taɓa korar ƙadangare daga banɗaki da buta kaɗai! Ga ranar gwaji ta zo.

Asalin fitinar kuwa, a tashen bara aka ƙulla ta. Malam Hudu yana da jika mai suna Murja, 'yar 'yarsa Rabi, yarinya siririya mai manyan idanu wadda ke zaune a hannunsa da matarsa Hajiya Gambo. A bara, da goman farko ta azumi ta wuce yaran unguwa suka fara zagaya gidaje da wasan tashe, sai Sagiru ɗan maƙwabta, shugaban 'yan tashen layin, ya faɗo tsakar gidan da fuskar dodo ta kwali, an shafe ta da baƙin tukunya, an liƙa mata gashin akuya da haƙoran kara, ya yi wani gurnani da ya sa kaji suka bar kwana. Murja ta yar da kofin kununta, ta kwasa da gudu, ba ta tsaya ba sai a ƙuryar ƙarƙashin gadon Hajiya, inda aka yi ta lallashi kafin a jawo ta da ƙafa, kanta duk yana. Tun daga ranar sunanta ya ɓace a unguwa. A Islamiyya, a bakin famfo, a wajen mai ƙosai, ba a kiranta sai 'Yar-ƙarƙashin-gado, har ƙananan da ba su iya cewa gado daidai ba suna faɗa.

Shekara ta zagayo, lokacin tashe ya sake tsayawa. Da safiyar ranar da muke magana, Sagiru ya leƙo ta kan katanga ya aiko da saƙon yaƙi da bakinsa.

"Murja! Yau dodo zai zo bayan shan ruwa. Ki share ƙarƙashin gado tun da wuri!"

Yarinyar ta juya. Ta je ta zauna a gindin kujerar kakanta, ta haɗa kai da gwiwa, kafaɗunta suna rawa. Malam Hudu ya rage muryar rediyo, abin da bai taɓa yi wa wani mahaluki ba ana tsakiyar labaran duniya.

"Kaka," ta ce cikin shessheƙa, "ni ma ina son dodona. Wanda zai sa su gudu. Ko sau ɗaya ne, ni ma in tsorata wani."

Masu tarihi sun haɗu a kan cewa a wannan lokaci ne jinin Jatau Dogon-Magini ya motsa. Tausayin yarinyar ya kama Malam Hudu, fushi kuma ya hau kansa har hularsa ta karkace. Ya miƙe tsaye, ba da sauri ba saboda gwiwa, ya ɗaga yatsa sama, ya yi alkawarin da darbejiya da kaji suka shaida: kafin a kira magariba zai tayar da rundunar dodanni, ya jera su a zaure a kan karan dawa, ta yadda duk ɗan tashen da ya sako ƙafa sai ya koma gida ba takalmi.

Da yake babu sarkin yaƙin da ke fita ba shawara, ya ɗauki waya ya kira Rabi, wadda ke koyar da 'yan nazare a birni, ta kuma san sirrin kwaɓin wasan da yara ke gina 'yan dabbobi da shi.

"Baba, ai ba wuya," in ji ta. "Fulawa, gishiri mai yawa, ɗan mai, da ruwan ɗumi. Gishirin shi ne maganar. Shi ke sa ya bushe ya yi tauri kamar dutse, ya hana kiyashi, ya hana yara ci. Amma don Allah ka bari Umma ta dawo ta haɗa maka."

"Umma!" in ji Malam Hudu. "Jikan magina ne zai jira mace ta kwaɓa masa?"

Ya kashe wayar ya soke ta a aljihu, yana jin kamar takobi ya mayar kube.

Sa'a ta yi masa gamo, don Hajiya Gambo, Sarauniyar Madafi, Uwar Tukwane, wadda ko cokali ba ya sauya wuri sai da izininta, ta yafa mayafi ta tafi tafsirin mata, ba kuma za ta dawo ba sai bayan azahar. Ƙarar ƙofa na gushewa Malam Hudu ya naɗe hannun riga, ya ɗaure zariyar wando, ya sa Murja a gaba a matsayin mai riƙon tuta, ya yi bisimilla ya keta iyakar kicin, ƙasar da rabonsa da taka ta tun ranar da ya shiga neman ashana aka koro shi. Ya tsaya a tsakiya yana duban robobi da gwangwanaye da ƙullin leda iri-iri, dukansu sun yi shiru irin shirun mutanen garin da aka ci da yaƙi.

Ganima ta farko ba ta ba shi wahala ba. A bayan ƙofa ya tarar da bokiti a rufe, ya buɗe, sai ga fulawa fara sol, an tankaɗe ta tsaf, ko ƙulli ɗaya babu. Ya ɗauki wannan a matsayin bushara daga magabata. Bai san cewa tun da asuba Hajiya ta tankaɗe ta, ta barbaɗa mata yis ta gauraya, tana jiran dawowa ta kwaɓa fanken sadakar da take aikawa masallaci ba. Yis kuwa ba ya sanarwa, yana nan kwance cikin fulawa ya yi lamo, yana jiran ruwan ɗumi.

Ganima ta biyu ita ce gishiri, kuma a nan ne ƙaddara ta ɗaura ɗamara. Kowa a gidan ya san tsohon gwangwanin gishiri mai murfi ja. Abin da Hajiya kaɗai ta sani shi ne, tun shigowar azumi ta juye gishirin a wata leda, ta cika gwangwanin da dakakken sukari, don ta gaji da yadda sukari ke ƙarewa a gidan da kowa ke rantsuwa bai taɓa ba. Malam Hudu ya buɗe ya duba. Fari ne, gari ne, a gidan gishiri yake. Amma da yake tsohon ma'aikaci ne da ba ya buga hatimi sai ya tabbatar, sai ya dangwalo da yatsa ya nufi baki. Yatsan na dab da leɓe ya tuna.

"A'uzubillahi! Azumi!"

Ya yarfe hannu kamar ya taɓa garwashi. Gaskiya ne matan gari kan ɗanɗana miya da bakin harshe su tofar, azuminsu lafiya lau, amma Malam Hudu ba ya cikin masu wasa da iyaka. Mutum ne da ko hamma zai yi da rana sai ya rufe baki da hannu biyu kada ƙuda ya ɓata masa ibada. Saboda haka ya waiwayi mai riƙon tuta, wadda shekarunta ba su kai na azumi ba, ya naɗa ta Ma'ajin Ɗanɗano nan take, ya miƙa mata gwangwanin.

Murja ta lasa. Idanunta, waɗanda dama manya ne, suka ƙara girma. Ta sake lasa don tabbatarwa. Ya ku masu sauraro, kada ku yi gaggawar hukunta ta, ku tuna yarinya ce da aka ɓoye wa sukari tun ganin wata, yau kuma ga shi an miƙo mata da hannun hukuma.

"Gishiri ne, Kaka," ta ce. "A zuba da yawa."

Aka zuba da yawa. Aka kawo babbar roba, aka juye fulawa, aka tsiyaya man gyaɗa, aka kwarara ruwan ɗumi daga fulas, Sarkin Yaƙi ya ja numfashi ya yi kururuwar da ta tayar da tattabarun maƙwabta.

"Ina jinin Jatau!"

Ya dulmiya hannu biyu har wuyan hannu, aka fara gumurzu. Wane alƙalami ne zai iya kwatanta artabun wannan hantsi, lokacin da kwaɓi ya kama hannun dama ya ƙi saki, aka aika hagu ta kai ɗauki ita ma aka riƙe ta, gwarzon ya ɗaga hannu roba ta biyo shi sama, ya sauke ta biyo shi ƙasa, ya taka gefenta da ƙafa ya fizge sai ga shi zaune daɓas a kan buhun gawayi. Lokacin da ƙuda ya sauka a hancinsa ya kai masa mari, ƙuda ya tsira, hanci da gemu da gilashin ido suka shiga hannun abokan gaba. Lokacin da zariyar wando ta zaɓi wannan sa'a ta kwance, ya zama dole a ci gaba da yaƙi da gwiwoyi a haɗe! Gumi ya keto masa, ƙishirwar azumi ta shaƙe shi, fulawa ta tashi ta rufe shi fari fat, har kazar da ta leƙo ta ga abin da ta gani ta juya ba ta ƙara dawowa ba.

Da tura ta kai inda ta kai, sai ya tuna dabarar magabata. Magina ba da hannu suke kwaɓi ba. Ya sauke roba ƙasa, ya tuɓe silifa, ya ɗage ƙafar wando, ya ɗaga dugadugan da suka sha yawon duniya.

"Kaka, a'a!" Murja ta yi tsalle ta rungume robar. "Ba da ƙafa ba! Don Allah ba da ƙafa ba!"

Malam Hudu ya dube ta, zuciyarsa ta yi sanyi. Ya ce a ransa, dubi yadda yarinyar nan ke kishin martabar rundunarta. Bai lura da kumatunta da ke motsi ba, bai kuma lura da cewa duk juyawar da zai yi sai gefen kwaɓin ya ragu ba. Sau da dama ta ce gishirin bai ji ba, sau da dama aka ƙara, yana yaba mata da cewa ta gaji kakanninta wajen tsanani.

A ƙarshe kwaɓi ya miƙa wuya, ya haɗe ya yi santsi, ya daina kama hannu. Aka raba shi runduna-runduna domin rini. Aka jiƙa zoɓo aka sami ja irin na jini, aka zuba kurkum aka sami rawaya irin ta idon mai ciwon shawara, aka barbaɗa garin kuka aka sami wani kore mai duhu da ba a taɓa ganin irinsa a fuskar abin kirki ba. Sannan aka zauna gini, kuma a nan, don a faɗi gaskiya, jinin magina ya nuna kansa. Yatsun da suka ƙare rayuwa a kan hatimi suka shiga fitar da kawuna masu dogon haɓa da ƙahoni da kumatu a rame, aka dasa musu ƙwallon dabino a matsayin idanu, aka jera musu gyaɗa a matsayin haƙora, aka ja musu harsuna har ƙirji. Akwai Jan-Gwarzo Mai-Ido-Ɗaya, akwai Rawayau Ci-Yara, akwai Koren Sarki mai ƙaho uku wanda Malam Hudu da kansa bai so su haɗa ido ba. Da aka gama aka jera su a kan tire, Murja ta dube su sau ɗaya ta koma bayan rigar kakanta ta leƙo da ido guda.

"Kaka, sun yi muni," ta ce da rawar murya, tana murmushi.

Tun da aka haifi Malam Hudu ba a taɓa yi masa yabon da ya kai wannan daɗi ba. Ya ɗauki tire a ka, ya hau matakalar soro yana tangaɗi, ya ajiye runduna a inda rana ta fi zafi domin su bushe su yi tauri. Don gudun ƙuda kuma, ya jiƙa tsohon zanen Hajiya ya lulluɓe su ruf. Duk matar da ta taɓa yin fanke ta san abin da ɗumi da lulluɓi ke yi wa kwaɓi mai yis da sukari, amma babu mace a soron. Sarkin Yaƙi ya sauko, ya yi wanka, ya yi azahar, ya miƙe a tabarma ƙarƙashin darbejiya, barcin nasara ya ɗauke shi da baki a buɗe, wannan karon ko ƙuda bai tuna ba.

Abin da ya tashe shi murya ce daga kicin, siririya, mai sanyi, irin wadda ta fi ihu ban tsoro.

"Malam. Ina fulawata?"

Ya tashi zaune ya gyara hula, ya yi bayani da fasaha da balaga a kan darajar zuriya da mutuncin jika da wajibcin ramuwa. Hajiya Gambo ta saurara har ƙarshe, gwangwani mai murfi ja a hannunta, ta kife shi, ko ƙwaya ba ta faɗo ba.

"Sukarin fa?"

"Wane sukari? Gishiri ne. Ma'aji ta ɗanɗana."

Suka juya tare. Ma'ajin Ɗanɗano tana tsaye tana nazarin babban yatsan ƙafarta kamar yau ta fara ganinsa. Hajiya ta kama matakala, Malam yana biye, Murja a ƙarshe. Tun daga nesa suka ga zanen ya yi tozo. Malam Hudu ya kama gefensa, ya yi ta maza, ya yaye.

Inna lillahi! Ina rundunar? Ina haɓoɓin nan masu tsini, ina kumatun nan ramammu? Dodanni sun kumbura sun yi ɓul-ɓul, kowanne ya ninka kansa, kumatu sun cika sun tura idanu ciki har suka zama 'yan tsaga irin na mai jin daɗi, ƙahoni sun zama 'yan kunnuwa, harsuna sun zama haɓa ta biyu, haƙoran gyaɗa sun baje sun zama murmushi. Jan-Gwarzo ya jingina da kafaɗar Rawayau Ci-Yara kamar jarirai biyu da suka ƙoshi da nono. Koren Sarki mai ƙaho uku, abin tsoron mahaliccinsa, ya koma kamar wani attajirin ƙauye da aka gaya wa labari mai daɗi. Wani ƙamshi mai ɗan tsami yana tashi daga cikinsu, kiyashi kuma sun riga sun jero ta kan katanga domin kai gaisuwa.

Hajiya Gambo ta so ta yi faɗa. Ta buɗe baki, ta dubi Koren Sarki, Koren Sarki ya dube ta, sai dariya ta ƙwace mata har ta zauna a bakin matakala tana riƙe ciki tana cewa a taimake ta azumi ne da ita. Amma Murja ba ta yi dariya ba. Ta tsaya tana kallon tiren, hawaye suka gangaro.

"Yanzu da me zan tsorata su, Kaka? Ni na ɓata. Yau ma za su kira ni sunan."

Dariyar Hajiya ta tsaya. Malam Hudu ya durƙusa, gwiwa tana ƙara, ya share mata fuska da hannun riga. Bai da sauran fulawa, bai da sauran lokaci, rana ta riga ta karkata. Ya ji kunya irin wadda bai taɓa ji ba, ba don Hajiya ta yi masa dariya ba, sai don ya yi wa ƙaramar yarinya alkawari ya kasa cikawa.

"Ba ke kika ɓata ba," ya ce. "Ni ne babba."

Hajiya ta miƙe ta ɗauki tiren, ta hure kiyashin da suka fara isowa.

"To, ni dai ba za a yi mini asarar abinci a watan azumi ba. Ba fanke ba ne, ba cincin ba ne, amma zai ciyu. Ku ba ni hanya."

Haka Sarkin Yaƙi ya tsaya a ƙofar kicin, hannu a baya, yana kallon rundunarsa tana faɗawa cikin tafasasshen mai ɗaya bayan ɗaya, kowanne ya nutse ya taso yana juyi yana murmushi, ba wanda ya nuna ko alamar turjiya. Ya yi wa Jan-Gwarzo sallama a zuci. Da aka zo kan Koren Sarki ya kau da kai. Abin da ya fi ci masa rai shi ne ƙamshin, don cikinsa, maci amana, ya shiga kuka da murya tun kafin ladan ya taɓa lasifika.

Aka kira salla, aka sha ruwa, aka yi magariba. Ba a gama naɗe tabarma ba sai ga kiɗan gwangwani daga bakin layi, yana matsowa, yana matsowa, har ya cika zaure. Murja ta miƙe, ƙafarta ɗaya ta riga ta juya wajen ɗakin Hajiya. Malam Hudu ya miƙa mata gefen rigarsa, ta damƙe da hannu biyu. Sai ga 'yan tashe sun ɓarko tsakar gida da waƙa da tsalle, a gabansu dodon kwali, ya fi na bara baƙi, an ƙara masa gashi, yana tafe yana gurnani yana neman inda yarinyar take.

Al'ada ce ba a sallamar 'yan tashe hannu wofi. Hajiya ta fito da tire ta dire a tsakiyar fili, tururi yana tashi, dodanni ja da rawaya da kore sun yi jere suna sheƙi suna yi wa baƙi fara'a. Kiɗa ya rikice, sannan ya mutu. Gurnanin dodo ya sauka, ya sauka, ya koma wani ɗan sauti mai kama da haɗiyar yawu. Yara suka yi wa tire zobe. Dodon kwali ya kai hannu ya ɗauki mafi girma, wato Koren Sarki, ya kai baki, sai Koren Sarki ya ci karo da kwali, domin wanda ya yanka bakin fuskar ya yi shi ne don gurnani, bai yi shi don ci ba. Ya gwada ta gefe, ya gwada ta ƙasa. Ya ga tire yana raguwa. Sai ya kama fuskar da hannu ɗaya ya cire ta gaba ɗaya ya ajiye a ƙasa.

Murja ta leƙo daga bayan riga. Abin da ke ƙarƙashin dodon da ya hana ta sakewa shekara guda shi ne Sagiru, kansa jiƙe da gumi, baƙin tukunya a goshi, haƙoransa na gaba biyu babu, majina tana leƙe. Ya gatsa Koren Sarki, zafin mai ya ƙona masa harshe, garin kuka ya biyo baya da nasa bayanin, ya shiga tsalle da ƙafa ɗaya yana fifita baki da hannu, idanu sun kawo ruwa, ga shi kuma ya ƙi tofarwa.

"Wayyo! Hajiya, ruwa! Miyar kuka ce a ciki!"

Wata 'yar dariya ta kuɓuce wa Murja. Ta toshe baki, ta sake kuɓucewa. Ta saki rigar kakanta.

Shi kuwa Malam Hudu bai ga abin da ya biyo baya ba, domin a daidai nan hukuncin Sarauniyar Madafi ya sauka a kansa: wanda ya ɓata roba shi zai wanke ta, da tire, da kaskon suya. Aka ba shi soso da sabulu da baho cike da ruwa, aka nuna masa bakin kwata. Tattaɓa-kunnen Jatau Dogon-Magini ya tsuguna ya ba jama'a baya, yana kankare busasshen kwaɓi da farce, yana tunanin yadda duniya ke yi da manyan mutane, yana kuma neman kalmomin da zai ba Murja haƙuri da su in baƙi sun watse. Bai ji takun ƙananan ƙafafu a bayansa ba. Ya dai ji an taɓa kafaɗarsa, ya waiwaya, sai ga baƙar fuska da gashin akuya da haƙoran kara dab da hancinsa.

"Haaauuu!"

"Innalillahi! Hajiya!"

Gwarzon ya yi sama, soso ya yi gabas, hula ta yi yamma, ya dawo ƙasa ya zauna cikin baho daram, ruwan sabulu ya yi tsiri ya sauko masa a ka. Tsakar gida ta kece da ihu. Yara suna birgima, Sagiru ya manta da harshensa yana buga gwangwani, wani ƙarami yana tsalle yana cewa Murja ta kayar da Baba Hudu, Murja ta kayar da Baba Hudu. Dodon ya ɗaga fuskar kwali, sai ga manyan idanun nan suna walƙiya.

"Kaka! Ka ji tsoro? Da gaske ka ji?"

Malam Hudu yana zaune cikin ruwa, ƙafafu a sama, zuciyarsa tana dukan ƙirji kamar za ta fito. Ya so ya ce don ya faranta mata ne ya yi, amma mai azumi bai saba da ƙarya ba ko bayan shan ruwa.

"Wallahi na ji, 'yar nan. Har yanzu ma ina ji."

Ta yi tsalle ta mayar da fuskar, ta bi 'yan tashe da gudu zuwa zaure tana gurnani, Sagiru yana binta yana roƙon ta ba shi kayansa. Hajiya Gambo ta zo ta tsaya a kan mijinta, ta dube shi sama da ƙasa, ta miƙo masa tukunyar kunu.

"Tunda ka riga ka jiƙe, Malam, haɗa da wannan."